Tarwaɗar Sama a Rijiyoyinmu

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Godiya ta tabbata ga Ubangijin da Ya halicci abin da muka sani, Ya kuma halicci abin da ba mu sani ba, bai shawarci kowa ba. Tsira da aminci su ƙara tabbata ga fiyayyen halitta, da alayensa da sahabbansa.

Mai girma shugaban wannan taro, Alhaji Ahmad Maikasuwa. Wakilin masarauta, Allah Ya ja zamaninka. Hakimai da dagatai da masu unguwanni na Kazaure da Babura da Roni da Gwiwa. Iyayenmu malamai da limamai, Allah Ya gafarta muku. Shugabannin rugage da suka baro dabbobinsu suka zo. Sarkin ruwa da masuntansa. Ma'aikatan lafiya da na gona. Iyayenmu mata da ke zaune can ƙarƙashin rumfa. Matasan da suka rasa wurin zama suka hau katanga. Da duk wanda muryata ta isa gare shi: assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Ina gode wa shugaba da ya ba ni wannan dama, alhali ya san abin da zan faɗa ba zai yi wa mutane da yawa daɗi ba. Ina gode muku ku ma da kuka yi shiru da aka kira sunana, domin na ji irin gunagunin da ya tashi daga baya, kuma ban ga laifin masu yin sa ba. Ga wanda bai san ni ba, sunana Mamuda Jalaluddeen, malamin dabbobi mai ritaya. Shekara talatin da biyar na yi ina bin rugage da jakar allura a bayan babur, har mutanen Roni suka manta sunan mahaifina suka koma kirana Mamuda Mai Allura.

Kowa ya san abin da ya tara mu. A bayan wannan makaranta akwai mota tsaye, an ɗora mata gangunan maganin ƙwari goma sha biyu. Idan na zauna, shugaba zai ce a ɗaga hannu. Idan hannuwa suka yi rinjaye, gobe da hantsi za a tuttule gangunan nan a Tafkin Dutsen Kura, a bi rijiyoyi da ragowar, a kashe halittun nan da muke kira tarwaɗar sama. Na tashi ne in roƙe ku kada ku yi, kuma ba zan ɓoye muku dalilina ba: 'yata Khairiyya tana kwance a gida, idan aka zuba maganin nan ba za ta kai azahar ba.

Zan fara da laifina, domin wanda zai nemi alfarma bai kamata ya ɓoye wuƙa a bayansa ba.

Kun tuna ranar Larabar nan ta daminar bara, bayan la'asar, da wani haske ya ratso sama ya faɗa tafkin, aka ji ƙara kamar tsawa alhali ko gizagizai babu. Kwana biyu ruwan yana tururi, kifi ya mutu ya taso ya rufe gaɓa. Da abin ya lafa, masunta suka koma, sai suka fara samun wasu 'yan ƙananan abubuwa a cikin komarsu. Tsawonsu bai wuce ɗan yatsa ba, ga gashin baki irin na tarwaɗa, ga santsi irin nata, sai dai idanunsu uku ne a jere, kuma inda ya kamata a ga ƙaya sai a ga wasu siraran yatsu. Sarkin ruwa ga shi nan zaune, shi ya kawo mini guda biyar a cikin bokiti, ya ce, "Malam Mamuda, kai ne ka san dabbobi, duba mana wannan."

Jama'a, ni saniya na sani. Na san tunkiya, na san akuya, na taɓa yi wa raƙumi ɗinki. Abin da ya dace in ce shi ne ban sani ba. Amma tsoho mai ritaya da aka tuna da shi, aka zo har gida neman iliminsa, da wuya bakinsa ya iya furta "ban sani ba". Na juye su a wata tsohuwar randa mai ruwa kore shar, cike da ƙwari da tsutsa. Kafin kwana biyu ruwan nan ya koma garau, har kana ganin gindin randar. Sai na tuna abin da kakanninmu suke yi, wanda har yau ake yi a ƙauyukanmu: idan aka haƙa sabuwar rijiya, a samo tarwaɗa a jefa, ta zauna a ciki tana cinye tsutsa tana tsare ruwa. Na ce ai faɗuwa ta zo daidai da zama. Ni ne na fara jefa su a rijiyar gidana, ni ne na tsaya a bakin masallacin unguwarmu na ce kowa ya nema ya jefa.

Sauran kuma halinmu ne ya ƙarasa. Mu mutane ne da ba ma cin abin arziki mu kaɗai. Uwa ta zuba biyu a jarka ta aika wa 'yarta da ke aure a Kanya Babba. Suruki ya kai wa surukinsa a Roni. Ranar kasuwar Gwiwa ana rabon su kyauta a cikin leda, sadaka, domin ana ganin lada ne ka gyara wa ɗan'uwanka ruwan sha. Da a ce sayar da su aka yi, da ba su yi nisa ba. Kyauta ce ta kai su ko'ina. Kafin a gama girbi suna cikin rijiya sama da ɗari uku. Ba su yi tafiyar taku ɗaya a kan ƙasa ba, mu muka ɗauke su da hannunmu, da zumuncinmu, muka kai su tsakar gidajenmu.

Abu na biyu shi ne mene ne su, gwargwadon abin da muka fahimta, kuma a nan ne maganar Khairiyya ta shigo.

Khairiyya 'yata ce ta uku, malamar firamare ce, tana da 'ya'ya biyu. Ta zo gida wuni, ta tafi jan ruwa, sai ɗaya daga cikinsu ya biyo guga. Lokacin sun girma, sun kai tsawon kamu ɗaya. Ya faɗo ƙasa yana ta mutsu-mutsu a rana. Ita kuwa tun tana yarinya ko ƙadangare ba ta bari a jefa. Ta sa hannu ta ɗauke shi za ta mayar, sai ya naɗe mata wuyan hannu da yatsun nan nasa, ya riƙe kamar ƙiftawar ido biyar, ya sake ta ya faɗa ruwa. Ya bar mata wani zobe ja a fata, kamar an zana da lalle. Kwana uku tana zazzaɓi. Ranar na huɗu ta tashi zaune ta dube ni ta ce, "Baba, gishiri nake ji a bakina."

Na ce ai zazzaɓi ne. Ta ce, "A'a Baba, ruwan garin halittun nan ne. Can babu tudu, babu gaɓa, babu inda za ka sa ƙafa. Ruwa ne daga gabas har yamma, zurfinsa tafiyar wata guda. Ina tuna shi kamar yadda nake tuna ɗakin Inna." Wannan yarinya iyakar tafiyarta Kano, teku kuwa sai a talabijin. Na zaci aljanu ne, na kira malamai suka yi ruƙiyya, ita ma tana bin su da karatu, ba ta fasa salla ko ɗaya ba. Amma ta ci gaba da faɗin abubuwa. Ta faɗi sunan mai haƙar wata rijiya a Gwiwa, da abin da matar gidan ta dafa jiya, da faɗan da aka yi a kan guga a wani gida a Babura. Na hau babur na je na bincika da kaina. Ko ɗaya ba ta kuskure ba.

Ga yadda ta bayyana mini. Mu kowa da ƙwaƙwalwarsa. Abin da na gani nawa ne, sai na ga dama in ba ka labari, in kuma na mutu in tafi da shi kabari. Su ba haka aka halicce su ba. Tunawarsu ɗaya ce tal, su duka suke ɗiba a cikinta, su duka suke zubawa. Abin da na rijiyar Roni ya ji, na rijiyar Kanya Babba ya ji shi a wannan lokacin. Abin da kakansu ya gani shekara dubu goma da suka wuce, jaririn da aka ƙyanƙyashe yau yana tuna shi kamar da idonsa ya gani. Kuma duk ɗan Adam da suka naɗe wa hannu, an buɗe masa ƙofa zuwa cikin wannan tunawa, an kuma buɗe tasa gare su. Da muka ƙirga a ƙananan hukumomin nan huɗu, mutum arba'in da ɗaya ne ke ɗauke da zoben nan. Yawancinsu mata ne, domin su ke jan ruwa, su ke da tausayin mayar da abin da ya faɗo.

Abu na uku: ban zo in ce muku kada ku ji tsoro ba. Wallahi ni ma tsoro nake ji, tsoron da ban taɓa jin irinsa ba tun da uwata ta haife ni, kuma na fi ku dalilin ji.

Hamma Sama'ilu yana nan a cikinmu, ga shi can jingine da bishiyar darbejiya, domin tsayuwa ta fara yi masa wuya. Makiyayi ne daga yammacin Gwiwa, na yi wa shanun mahaifinsa allura, na yi wa nasa. Kwana ashirin da uku da suka wuce yana shayar da dabbobi, ɗaya ya biyo wasaki, babban gugan fata, ya faɗa kwamin shayar da dabbobi, ya nufi hancin wata karsana. Sama'ilu ya yi abin da kowane makiyayi zai yi, ya ɗaga sanda ya kwaɗa masa ɗaya, ya mutu nan take. A daidai wannan lokacin Khairiyya tana tsakar gidana a Kazaure tana tsince shinkafa. Ta saki faranti, ta dafe kai, ta kurma ihu tana cewa, "Sama'ilu, kada ka buga!" Ba ta taɓa ganinsa ba, ba ta taɓa jin sunansa ba.

Tun daga ranar, duk rijiyar da Sama'ilu ya leƙa, ruwanta sai ya janye ƙasa ya bar laka. Ya je ta biyu, ya je ta goma, ya je tafki, ruwan ya ja da baya yana guje masa a gaban idon mutane. Ya sa hula ya rufe fuska da rawani, suka gane shi da tafiyarsa. Ya tura 'ya'yansa, suka gane su da kamarsu da shi. Yau kwana ashirin da uku ruwan leda yake sha, shanunsa arba'in da shida saura goma sha tara, su ma maƙwabta ke kora su mashaya a cikin nasu. Ba su cije shi ba, ba su bi shi gida ba. Sun dai tuna shi, su duka, a ko'ina.

Na tambayi Khairiyya, na ce, "Yaushe za su huce?" Ta ce, "Baba, ba su san hucewa ba. Mu idan abu ya same mu, yau da gobe sai ya yi nisa, zafinsa ya ragu. Su babu abin da ke yin nisa. Sandar nan har yanzu tana sauka, kowace safiya sabuwa ce." Ranar da ta faɗa mini wannan, na kasa cin abinci.

To wannan tsoro ne na gaskiya, kuma wanda ya ce a kashe su saboda shi, na fahimce shi. Amma ku yi mini afuwa in faɗi wata magana, tun da tsufa ya ba ni lasisi. Akwai wani tsoron a wannan fili wanda ba a ambata ba. Ina ne ake gulma a garuruwanmu in ba bakin rijiya ba? Ina mai gida ke laɓewa ya amsa wayar da ba ya so a ji, in ba bayan rijiya ba? Wata takwas kunnuwa suna ƙasan ruwa, kuma yanzu mutum arba'in da ɗaya sun san abin da kowa ya faɗa. Na lura tun da aka gane haka wasu manyan mutane suka fi kowa zafi a kan a zuba magani, har da masu ba da kuɗin mota, mutanen da ko gyaran famfon unguwa ba a taɓa ganin hannunsu ba. Ban kama suna ba, kuma ba zan kama ba. Ina dai shaida muku cewa mutanen nan arba'in da 'yan kai wata huɗu suna ɗauke da asirin ƙasar nan baki ɗaya, ko ɗaya bai fita daga bakinsu ba. Wanda ya rufa maka asiri, ba da guba ake saka masa ba.

Abu na huɗu shi ne abin da maganin zai yi, kuma wannan ba hasashe nake ba, an gwada mun gani.

Ranar Asabar ta makon jiya wani mutum a wani ƙauye kusa da Roni ya gaji da jiran taro, ya zuba kwalbar maganin feshi a rijiyarsa. Uku ne a ciki, uku suka mutu. A wannan sa'ar, duk masu zoben nan suka zube inda suke, wata a kasuwa, wata a gona, wata da goyo a bayanta. Khairiyya ta yi kwana biyu ba ta san inda take ba, jini na fita ta hancinta, tana shaƙewa kamar mai nutsewa alhali tana kan katifa. Adda Tasalla ta Kanya Babba, tsohuwar ungozoma wadda rabin matasan garin a hannunta aka haife su, ta faɗi a bakin murhu ba ta sake tashi ba. Na halarci jana'izarta. Tsakaninta da rijiyar da aka zuba wa magani tafiyar sa'o'i ce a babur, ba ta sha ruwan ba, ba ta ma san an zuba ba. Mutuwar uku ce ta bi ta cikin tunawar nan ta same ta.

Uku, jama'a. Sarkin ruwa ya ce na cikin tafkin sun fi dubu ashirin. Ku yi wa kanku lissafi, ni bakina ba zai iya ba.

Wani zai ce, to a yi haƙuri da arba'in a ceci dubbai, ai gara a yanke yatsa da a rasa hannu. Da a ce hakan zai kawo ƙarshen magana, da wataƙila na zauna na yi kukana a gida ban zo na ɓata muku lokaci ba. Amma waɗanda ke cikin tafkin nan ba su ne duka ba. Su 'yan kaɗan ne da abin hawansu ya lalace ya faɗo. Sauran suna can inda suka fito, yawansu ya wuce abin da harshe zai ƙirga, kuma tunawar ɗaya ce har can. Nisa ba ya yanke ta. Sandar Sama'ilu sun ji ta. Kwalbar Roni sun sha ta. Idan muka tuttule ganguna goma sha biyu gobe, za su san fuskar wanda ya tuƙa motar, da wanda ya kwance murfi, da wanda ya tsaya yana kallo, kuma za su san su bayan shekara dubu kamar yau. Mun ga abin da 'yan kaɗan suka yi wa mutum ɗaya da ruwa. Ku auna ƙasar da duk rijiyoyinta da koramunta suka janye daga mutanenta, da 'ya'yansu, da duk mai kama da su. Ba mu san ko za su zo ba. Amma sun san hanya, domin 'yan'uwansu sun bi ta.

Saura abu na ƙarshe, shi ne ya fi mini nauyi.

Na daɗe ina juya maganar Khairiyya cewa ba su san hucewa ba. Sai na tambaye ta, a cikin duk abin da suka kwasa daga mutum arba'in da ɗaya, ba su ga inda aka yafe wa wani ba? Ta ce sun gani, amma ƙanana ne, na tsakanin miji da mata, na uwa da ɗa, kuma sun ɗauka mantuwa ce irin tamu, rauni ne na masu gajeriyar ƙwaƙwalwa. Ba su taɓa ganin wanda aka yi wa babbar ɓarna, yana tune da ita sarai, yana da ikon ramawa, ya bari ba.

Ni kuwa na taɓa gani, domin ni aka yi wa. Zan faɗa da bakina, tun da yanzu ba asiri ba ne. A shekarata ta huɗu da fara aiki na je rugar Arɗo Muhammad a gindin duwatsun Roni, Allah Ya jiƙansa. Ina sauri in koma gari, na haɗa magani ba daidai ba, na yi wa shanunsa allura. Cikin kwana uku ashirin da bakwai suka mutu, dukiyar da ya gada tun daga kakansa. Na ce masa annoba ce, na rubuta haka a takarda. Arɗo ya koma kiwon shanun mutane, matarsa ta daina kai nono kasuwa domin babu abin tatsa. Shekara goma ina ɗauke da abin nan, ina wuce rugarsa ina kau da kai. Ranar da na kasa, na je na durƙusa a gabansa na faɗa masa gaskiya, ina jiran sanda ko kotu. Ya dube ni ya ce, "Mamuda, ai tun ranar na sani. Na ga fuskarka da ka ga ta farko ta faɗi. Sunan kowace a cikinsu ina tune da shi. Tashi ka zauna a tabarma." Ya kira matarsa ta dama fura da nonon aro, ya miƙo mini ƙwaryar da hannunsa, ya ce, "Na yafe. Sha."

Jiya da hantsi na je bakin rijiyar gidana, na zura guga, na jira ɗaya ya shiga, na jawo shi, na miƙa masa hannuna. Ga shi, ku duba, na naɗe hannun riga don na baya su gani. Ni ne na arba'in da biyu. Na yi haka ne don in zuba musu Arɗo Muhammad a cikin tunawarsu, su gan shi yadda na gan shi, da sunayen shanunsa a bakinsa da ƙwarya a hannunsa.

Ba zan yi muku ƙarya in ce sun yafe wa Sama'ilu ba. Da safen nan ya leƙa rijiyar makarantar nan, ruwan ya janye kamar kullum. Abin da zan iya shaida shi ne, tun jiya ba su bar labarin Arɗo ba. Ina jin su, dubbai a kan dubbai, na kusa da na nesa, suna komawa kan lokacin da Arɗo ya miƙo ƙwaryar, su kai ƙarshe su sake farowa, kamar ɗalibin da aka ba wa karatun da ya fi ƙarfinsa. Ba su gane ba, amma ba su ture ba. Kuma tun jiya sandar Sama'ilu ba ita ce abu na farko da ake ji a cikinsu ba.

Don haka ga roƙona. Ku ba mu kwana bakwai. A kulle gangunan nan a ɗaki, mabuɗi ya zauna a hannun wakilin masarauta. A bi rijiyoyi da guga, ba da hannu ba, a kwashe su a mayar tafki, a kewaye shi da ƙaya. Sannan mu yi abin da muka iya tun kaka da kakanni idan shanu sun shiga gonar wani: dattawa su sa mai laifi a gaba, a je har inda aka yi ɓarna, a tsaya a ba da haƙuri. Sama'ilu ya ce zai je. Mutumin Roni ya aiko cewa zai je. Ni zan shige gaba, domin ɓarnar daga bakina ta fara. Idan kwana bakwai suka cika ruwa bai tsaya wa Sama'ilu ba, ku sake taruwa, ba zan ƙara cewa uffan ba.

Da zan fito, Khairiyya ta riƙe mini riga ta ce, "Baba, ka gaya musu ko me suka yanke, na yafe tun yanzu. Su dai kula mini da yarana." Na isar da saƙonta. Ni kuwa ban kai ta ba, ban kai Arɗo ba. Na duba zuciyata a kan wanda zai ɗaga hannu a kashe mini 'ya, ban sami yafiya a ciki ba tukuna, kuma abin da ke firgita ni shi ne, abin da ke zuciyata yanzu ba ni kaɗai ke jin sa ba. Duk fuskar da idona ya sauka a kanta a filin nan, sun gan ta, kuma ba za ta goge ba har abada.

Saboda haka, ranka ya daɗe shugaba, idan ka ce a ɗaga hannu, zan juya in fuskanci bango, in rufe idona da hulata, in toshe kunnena. Kowa ya zaɓi abin da ya ga shi ne daidai tsakaninsa da Allah, babu wanda za a tuna da fuskarsa ta dalilina. Idan an gama ƙirga, wani ya taɓa kafaɗata. Kada a faɗa mini su wane ne. A faɗa mini kawai ko in tafi tafki, ko in tafi gida in zauna kusa da 'yata.

Allah Ya jiƙan Adda Tasalla, Ya jiƙan Arɗo Muhammad, Ya sa yafiyarsa ta zame masa haske a kabari. Allah Ya shayar da Sama'ilu da abin da ya rage na dabbobinsa. Allah Ya tsare rijiyoyinmu, Ya tsare 'ya'yanmu da jikokinmu daga abin da hannayenmu suka jawo. Allah Ya ba shugabanninmu basirar yanke abin da ba za mu yi kuka da shi ba, Ya mayar da kowa gidansa lafiya, ya tarar da ruwa a randarsa.

Na gode.